Gayya a Gonar Muhsin

Dogo-Dogo, ranar Talata 14 ga Oktoba, 2025

Daga: Malam Bawa Halilu, manomi, mazaunin Dogo-Dogo, gundumar Dungass, jahar Damagaram. Ta hannun ƴarsa, Balkisu Bawa, malamar lakwal.

Zuwa ga: Mai girma Daraktan Biron Sauraron Koken Ƴan Wasa, Kamfanin Inuwar Gawo, masu wasan waya na "Sabon Gandu", reshen Damagaram.

Game da: ƙorafi kan rufe konti mai suna "Gonar Muhsin", nimero 40-7716, da roƙon a dakatar da share shi kafin ranar Laraba 22 ga Oktoba, 2025.

Mai girma Darakta,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwar ban girma, da fatan wannan takarda ta same ku lafiya, ku da iyali da ma'aikatanku baki ɗaya, ana neman izinin shigar da ƙorafi a gabanku.

Mai ƙorafin dattijo ne da ya haura sittin. Allo ya yi, bai yi lakwal ta boko ba, shi ya sa ya zaunar da ni, ƴarsa ta fari, ya ce in rubuta abin da zai faɗa. Ni ya zaunar, shi bai zauna ba. Tun da na ɗauki bik na fara rubutu yake shiga yana fita, ya leƙa takardar da ba ya iya karantawa, ya koma bakin ƙofa ya duba ko motar Magaria ta fara lodi, don direbanta ne zai miƙa wannan takarda ga wanda zai kawo muku ita. Idan kun ga rubutun ya karkace a wani wuri, a yi mana afuwa, inuwarsa ce ke tare mini haske.

Asalin magana

Kontin da ake magana a kai, wato asusun wasan, na Muhsin Bawa ne, ɗan mai ƙorafi, ƙanena. Ya buɗe shi shekara uku da suka wuce. Ku kuka ƙirƙiro wasan, ba ni zan koya muku shi ba, amma tunda takarda kan faɗa hannun wanda bai taɓa buga shi ba, bari in yi bayani a gurguje. Kowane ɗan wasa ana ba shi fili a cikin waya, ya share, ya shuka, ya yi ban ruwa, ya gina rumbu da garke. In ya yi sakaci ciyawa ta rufe gonar, fara ta sauka. Akwai kuma abin da kuke kira geron shekara, wanda ake shukawa sau ɗaya da faɗuwar damina, ba ya nuna sai kaka, daidai da na gaske.

Muhsin ɗan kabu-kabu ne tsakanin Dogo-Dogo da Dungass, manomi kuma. Duk sa'ad da ba fasinja, za a gan shi bisa babur a tasha, kai a sunkuye, yana ban ruwa da babban yatsa. A gida an yi masa faɗa har an gaji. Mai ƙorafi kan tsokane shi ya tambaye shi yaushe za a sha furar gonar nan tasa ta cikin gilashi, shi kuma ya ce Baba ya tanadi nono, geron na nan tafe.

Ranar Asabar 19 ga Yuli, 2025, bayan zazzaɓin da bai cika mako ba, Allah ya karɓi abinsa. Shekararsa ashirin da huɗu. Takardar mutuwarsa ta meri, ofishin magajin gari, tana liƙe da wannan, ita ce shaida ta ɗaya.

Ya bar gona biyu, kowace da gero a tsaye: ɗaya a yamma da gari tana jiran maimai, ɗaya a cikin wayarsa. Da aka raba ɗan abin da ya bari, wayar ta faɗo wa mahaifinsa.

Ranar sadakar bakwai abokan wasansa uku suka zo ta'aziyya: Nafi'u, tela daga Waca, Dikko, makiyayi daga Yekuwa, da Ari, mai gyaran waya a Magaria. Wasunsu ba su taɓa ganin fuskar juna ba sai a kan tabarmar makokin nan. Washegari da mutanen gari suka yi gayya a gonar yamma, su ma suka karɓi hauya suka shiga kunya. Bayan an tashi ne Dikko, cikin jin nauyi, kansa a ƙasa, ya ce da dattijo akwai fa wata gonar da ciyawa ta fara ci. Dattijo ya ce a nuna masa. Ari ya kunna wayar a tsakar gida.

Mai girma Darakta, kun sani a wasanku kowane mai gona yana naɗar gaisuwa da muryarsa a bakin ƙofa, wadda duk mai shiga zai ji. Mu ba mu sani ba. Sai kawai muka ji Muhsin a tsakar gida yana cewa: "Maraba da baƙo, gonar Muhsin ce. A shigo a sha ruwa, amma don Allah kar a taka mini gero." Daga nan sai dariyarsa, da ƙarar wani babur da ya wuce ta bayansa. Mahaifiyarsa, Inna Shatu, ta fito daga ɗaki ba takalmi. Ba zan rubuta sauran abin da ya faru a tsakar gidan ba, ba ya cikin abin da biro, wato ofishinku, ke bukata.

Abin da biro ke bukata shi ne wannan: ba mu da muryarsa a ko'ina sai nan. Muhsin ba mai aika saƙon murya ba ne, ɗan abin da ya taɓa naɗa kuma ya goge shi don wasanku ya samu wuri a wayar. Mun bi wayoyin dangi da na abokai, ba mu samu komai ba. Za ku ce me ya hana mu naɗe ta a wata waya tun ana iyawa. Babu wanda tunanin ya zo masa. Wa ke ɓoye ruwa a tulu alhali rijiya na ƙofar gida?

A ranar mai ƙorafi ya yanke magana. Ya ce tun kakanninsa ba a taɓa barin gonar mamaci ta koma saura ba muddin yana da mutane, kuma bai ga dalilin da za a fara a kan ɗansa ba, ko da gonar a cikin gilashi take. Ya ce yadda aka yi wa waccan gayya, a yi wa wannan. Ari ya ba kowa kodin shiga, wato lambar sirri, aka raba kwanaki. Dattijo ya ɗauki Juma'a. Mutumin da bai taɓa yarda ya danna waya da kansa ba, sai ga shi a gindin gawon bayan lakwal, inda rezon waya ke kamawa, yana koyon ban ruwa da yatsan da kaushi ya cinye, yana zagin fara kamar tana jin sa. Inna Shatu kan bi shi da tabarma, a fita daga gonar a sake shiga don ƙofa ta sake gaishe ta. Haka aka yi har wata biyu, geron ya yi kai.

Ga ƙorafe-ƙorafen, bi da bi.

1. Rufe konti ba gargaɗi, ba tambaya.

Ranar Litinin 22 ga Satumba, 2025, Nafi'u ya je shiga, don ranarsa ce, ya tarar an rufe. Saƙon da ya fito da Faransanci ne, hotonsa shi ne shaida ta biyu. Ya ce an ga ana shiga kontin da wayoyi huɗu daga garuruwa huɗu, wani lokaci ma daga rezon Najeriya, saboda haka an yanke cewa sayar da shi aka yi ko haya aka bayar, abin da doka ta bakwai ta wasan ta hana.

Ranar wanka ba a ɓoye cibi. Gaskiya ne an raba kodi, gaskiya ne wayoyi huɗu ne, mai ƙorafi bai musa ba, shi ma ya ba da umarnin. Abin da yake musawa shi ne fassarar da aka yi wa abin. Gayya ita ce mutane su taru su yi wa wanda ba ya iyawa aikin gonarsa, don ciwo ko tsufa ko mutuwa, ba a biyan kowa, ba wanda ke tafiya da ko zangarniya ɗaya. In kun duba rumbun kontin za ku ga ba abin da ya fita daga cikinsa zuwa kontin wani tun ranar rasuwar. Maganar rezon Najeriya kuwa, duk wanda ya taɓa zama a yankinmu ya san ta. Shanun Dikko ba su san iyaka ba, wayarsa ma haka. In ya kora su kudu kaɗan sai ta kama na can da kanta, yana tsaye a ƙasar Nijar da ƙafafunsa biyu.

An karanta wa mai ƙorafi dokar taku ta bakwai, ni na fassara masa. Ta ce konti ɗaya, mutum ɗaya. Ya tambaye ni abin da ta ce idan mutum ɗayan ya mutu. Na duba daga sama har ƙasa, ba ta ce komai ba. Ya ce to a tambayi Darakta.

2. Kalmar da aka rataya a ƙofar gonar.

Ba a tsaya ga rufewa ba. Duk ɗan wasan da ya bi ta ƙofar Gonar Muhsin yanzu, a maimakon gaisuwarsa, jan allo yake gani an rubuta cewa an rufe ta saboda cinikin konti. Wataƙila a manyan birane wannan ba komai ba ne, don ba wanda ya san wani. A nan duk ɗan kabu-kabun da ke tasha ya san ko wane ne Muhsin, ya san gidan ubansa. Kafin mako ya zagayo magana ta kai kasuwa cewa Malam Bawa ya sayar da gonar ɗansa tun ƙasar kabarinsa ba ta bushe ba. Masu yaɗawa rabinsu ba su ma san wace gonar ake nufi ba, wasu sun ɗauka ta yamma da gari ce, har wani ya zo tambayar ko da saura.

Wannan dattijo ya ƙi sayar da babur ɗin yaron, yana nan a zaure an lulluɓe shi da buhu. Shi ne injinku ya kira mai ciniki. Tun ranar bai koma majalisar da yake zama bayan la'asar ba.

3. Ƙofar koke da ba mutum a bayanta.

A nan, don adalci, zan faɗi inda mu ma muka yi ta dukan iska, ko ba komai ku ga cewa ba a zo gare ku ba sai da aka gwada ko'ina.

Nafi'u ya danna wurin taimako na cikin wasan ya naɗi doguwar murya cikin fushi, ya haɗa da kalmomin da ba za su shiga takardar hukuma ba. Daga baya muka gane wurin ba ya ma karɓar murya. Dikko ya je inda ake ba wasanni taurari ya ba ku ɗaya, ya ce da akwai rabi da ita zai bayar. Sauran ƴan ƙungiyar Muhsin ta cikin wasan suka yi ta aika saƙo kowa da nasa, ba nimeron konti, ba kwanan wata, sai "Allah ya isa". Shi kuwa mai ƙorafi, bai gaya wa kowa ba ya hau babur ɗin haya zuwa Dungass, ya je shagon Faruku mai sayar da kiredin waya, inda Muhsin ke sayen forfe na intanet, ya ce a buɗe masa gonar ɗansa. Faruku ya yi ta rantsuwa cewa shi kiredi kawai yake sayarwa. An bar jaki ana dukan taiki, amma dattijo bai san inda jakin yake ba. Ya dawo da la'asar, ƙura har gira, bai ci abinci ba.

Duk wanda ya rubuta, amsa guda ya samu, ba a canza ko wasali ba: an karɓi saƙonka, muna godiya, ga nimeron dosiyen kokenka. Kowane sabon saƙo sai ya buɗe sabon dosiye ya rufe na baya. Muna ganin yawanmu zai sa a ji mu, ashe yawan namu ne ke mai da mu ƙarshen layi.

Ari ne ya zo ranar 3 ga Oktoba ya ce kowa ya ajiye waya haka nan. Ya ce koke ba ihu ba ne. A bar mutum ɗaya ya yi magana, a riƙe dosiye ɗaya, a sa nimeron konti da kwanakin wata, a ɗauki hoton kowane saƙo kafin ya ɓace, a karanta dokar da aka ce an karya a amsa ta, a faɗi abin da ake so a fili, a bar zagi don zagi ba ya buɗe ƙofa. In kuma inji ya ƙi ji, a nemi mutum mai suna da kujera a kai masa takarda hannu da hannu, a riƙe kopi. Mun bi wannan tun daga ranar. Dosiyen da muka tsaya a kai shi ne nimero R-2290, sauran duk a yi watsi da su, da muryar Nafi'u idan har ta isa wani wuri.

Ƙorafin shi ne, ko da muka gyara namu, naku bai gyaru ba. Na rubuta da Faransanci mai tsafta cewa mai kontin ya rasu, na liƙa takardar meri. Amsar da ta dawo ta fara da gaishe da Muhsin.

4. Tantance fuska.

Mai girma Darakta, wannan shi ne abin da ya sa aka rubuto muku, don haka ina roƙon a karanta shi a tsanake.

Amsar ta ce hanya ɗaya ce ta ɗaukaka ƙara: mai kontin ya tsaya gaban waya, ya nuna katinsa na ɗan ƙasa, na'ura ta gwada fuskarsa da wadda ya yi rajista da ita. Na sake rubutawa cewa ya rasu. Aka sake turo mini hanyar, da ƙarin bayanin cewa ya tsaya inda ke da haske.

Ranar Juma'a 10 ga Oktoba, ranar da ya saba ban ruwa, mai ƙorafi ya ɗauki wayar ya tafi gindin gawo ni ina aji. Ya tafi da katin Muhsin, da babban hotonsa da ke rataye a ɗakin Inna Shatu, wanda ya ɗauka da sallar bara. A tunaninsa fuska aka ce ana so, ga fuska. Ya jingina wayar a jikin itace, ya riƙe hoton da hannu biyu a gabanta. Na'urar ta gane shi, Mai girma Darakta. Da'irar ta zama kore, ta rubuta sunansa. Sannan wata murya ta fito da Hausa, don wannan wurin kun fassara shi, ta ce: "Yanzu ƙifta idonka."

Da aka tashi yara na fito na same shi a nan. Bai sauke hoton ba. Na'urar tana ta maimaitawa, shi kuma yana jira ko za ta haƙura. Na karɓi hoton daga hannunsa. Sannan ya ce shi ne ya rufe idanun nan da hannunsa, in gaya musu.

Ga shi na gaya muku. Na'urar ta rubuta wannan a dosiye a matsayin yunƙurin yaudara, hoton saƙon shi ne shaida ta huɗu. Ana roƙon a goge wannan kalma ita ma.

5. Saƙonnin da ba su daina zuwa ba.

An rufe mana ƙofa, amma ba a rufe bakin wasan ba. Kusan kullum wayar sai ta yi ƙara: Muhsin, mun yi kewarka, Muhsin, gonarka na jiran ka, Muhsin, abokanka sun riga ka girbi. Wurin kashe waɗannan saƙonni yana cikin kontin, kontin kuma a rufe. Ari ya ce sai dai a cire wasan gaba ɗaya daga wayar. Dattijo ya ce duk wanda ya cire shi ba shi ba shi.

Don haka wayar tana aljihunsa, in ta yi ƙara ya zabura, ya nemi mai karanta masa, ko an buɗe. Ya tare ni a hanyar lakwal, ya tare mai shayi, ya tare yaran makwabta. Mutumin da aka sani da natsuwa yanzu ba ya gama alwala bai taɓa aljihu ba. Inna Shatu ta daina tambaya. Tabarmar da take bin sa da ita tana nan a naɗe bayan ƙofa, ba ta mai da ita ɗaki ba.

6. Wa'adin sharewa.

Saƙon farko ya ce kontin da aka rufe saboda ciniki ana share shi baki ɗaya bayan kwana talatin, da duk abin da ke ciki, ba dawowa. Wa'adin zai cika ranar Laraba 22 ga wannan wata. Na tambaya ko ƙidayar tana tsayawa idan ƙara na gaban biro, ba a amsa ba. Na tambaya ko muryar ƙofa na cikin abin da ake sharewa, aka turo mini jerin tambayoyin da aka saba yi, a ciki na ga amsar da kaina: tana ciki.

Ko a gaban alƙali ba a rushe gidan da ake shari'a a kansa sai an yanke hukunci. Mun riga mun binne Muhsin sau ɗaya, da haƙuri, don Mai shi ne ya karɓa. Wannan na biyun kuwa mutane ne suka sa masa rana, kuma mutum na iya ɗage ta.

Abin da ake roƙo

Saboda abubuwan da aka zayyana, mai ƙorafi yana roƙon Mai girma Darakta, cikin ladabi:

Na farko, kuma shi ne mai gaggawa, a dakatar da share konti nimero 40-7716 tun kafin ranar 22 ga wata, har sai wani ɗan Adam ya karanta dosiye R-2290 da idonsa.

Na biyu, a sauke jan allon da ke ƙofar gonar, a cire kalmar ciniki da ta yaudara daga sunan marigayi da na mahaifinsa.

Na uku, a karɓi takardar meri da shaidar mai gari a madadin fuskar da ba za a samu ba, a mai da kontin hannun magajinsa, Malam Bawa Halilu. Ya yi alkawarin daga yau waya ɗaya ce za ta shiga, tasa. Nafi'u da Dikko da Ari sun yarda, sun ce in ranar aikinsu ta zo za su hau mota su zo Dogo-Dogo su yi a wayarsa, tunda dama gayya da ƙafa ake zuwa.

Idan dokarku ba za ta ɗauki na uku ba, to a fitar da gaisuwar ƙofa, ita kaɗai, a turo ta a nimeron wayata da ke ƙasa. Ba ta kai minti ɗaya ba. Na ce da dattijo mu tsaya a kan wannan kawai, don an ce mai roƙo ba ya cika hannu, da babu gara ba daɗi. Ya ce in rubuta, amma in ƙara cewa shi a buɗe masa ko sau ɗaya ne ya fi so. Makon jiya aka girbe gonar yamma, aka ɗaure dammuna, aka fitar da na sadaka da sunan yaron. Ya ce abin da mamaci ya shuka da hannunsa ba a barin sa a tsaye, kuma ba zai iya cewa ya gama wa ɗansa kaka ba alhali rabi na waje.

Ba a neman diyya, ba a neman a hukunta kowa. Ana roƙon a buga wa kopin wannan takarda tampo, wato hatiminku, a ba wanda ya kawo ta, don mu san ta shiga hannu, kuma a ba da amsa a rubuce da sunan mai rai.

Mai ƙorafi yana godiya da lokacin da kuka bayar, yana addu'ar Allah ya ƙara girma, ya raya muku zuri'a, kada ya nuna muku ranar da za ku nemi muryar ɗanku a wurin wani. Ku huta lafiya, tare da dukkan girmamawa.

Mai ƙorafi:
Malam Bawa Halilu
(ya dangwala babban yatsansa na dama)

Wadda ta rubuta, ta kuma karanta masa ya amince:
Balkisu Bawa, malamar lakwal, Dogo-Dogo
(sa hannu, da nimeron waya a bayan takarda)

Shaidun da aka liƙa: takardar mutuwa ta meri, hoton saƙon rufewa na 22 ga Satumba, hotunan amsoshin dosiye R-2290, hoton saƙon 10 ga Oktoba, takardar mai gari kan gado da gayya, da sa hannun Nafi'u da Dikko da Ari.

Ƙarin bayani: na riga na ninke takardar, direba yana ta oda a bakin hanya, sai wayar ta yi ƙara a aljihun Baba. Ya miƙo mini da sauri ko an buɗe. Ba a buɗe ba. Saƙonku ne, ya ce: "Albishirinka Muhsin, geronka ya nuna, zo ka girbe." Ban so karanta masa ba, ya ce in karanta. Da na karanta, ya ce in warware takardar in ƙara layi ɗaya, a gaya wa Darakta saƙo ya iso, yaron ba zai samu zuwa ba, amma ubansa na tsaye a bakin ƙofa.